Baturen da ya yi almajirci a hannun ƴan Zulu

Karatunmu na yau zai kai mu nesa, can ƙarshen Afirka ta wajen kudu, inda ƙasa ta ƙare sai teku. Sunan ƙasar Afirka ta Kudu. Za mu ji labarin wani makaɗi Bature mai suna Johnny Clegg, da abokinsa Sipho Mchunu, ɗan ƙabilar Zulu. Don sauƙin karatu, za mu riƙa rubuta Joni da Sifo. Amma kafin mu kai ga kiɗa, sai mun san irin ƙasar da suka tashi a ciki, in ba haka ba labarin ba zai shiga kunne ba.

Dokar raba mutane

A shekarar 1948 aka yi zaɓe a Afirka ta Kudu, zaɓen da kusan Turawa kaɗai suka jefa ƙuri'a. Jam'iyyar da ta ci ta kafa mulkin da ake kira afatayid, wato wariyar launin fata. Tun kafin nan ma akwai wariya, amma yanzu sai aka rubuta ta daki-daki a cikin doka. A 1950 aka ce kowane mutum sai an rubuta launinsa a takarda: ko fari ne, ko baƙi, ko ruwa-biyu. A wannan shekara kuma aka raba unguwanni, kowane launi da tasa. Lakwal dabam, likita dabam, motar haya dabam, har bencin zama a bakin hanya da maƙabarta. Baƙaƙe su ne suka fi kowa yawa, amma abin da doka ta bar musu na ƙasa bai wuce kashi 13 cikin 100 ba.

To, Turawa na son aikin baƙar fata, amma ba su son zama da shi. Birnin Johanesbag ya tashi ne bisa zinariya da aka gano a 1886, kuma baƙaƙe ne ke shiga rami suna haƙo ta. Su ne masu shara, su ne boyi-boyi, su ne masu ban ruwan garka. Sai aka yi musu wata takarda da ake kira fas. Baƙin mutum ba ya zama a birni sai da ita, kuma ɗan sanda na iya tsai da shi ko'ina ya ce ya nuna. In babu, sai kaso. Mazajen da suka baro ƙauyukansu ana tara su cikin manyan gidajen gwauraye, ɗaki guda mutum da yawa, mace ba ta shiga, yaro ba ya shiga. Mafi yawansu sau ɗaya a shekara suke ganin iyalinsu.

Mu da muka san tafiya ci-rani, mun san yadda begen gida ke cin mutum da dare. Waɗannan ƴan ci-rani na Zulu da kiɗa da rawa suke kashe nasu begen.

Yaron da ya tsaya saurare

An haifi Joni ranar 7 ga watan Yuni 1953, a wani ƙaramin gari kusa da Mancesta, a Ingila. Ubansa Baturen Ingila ne. Uwarsa mawaƙiya ce, daga iyalin Yahudawa da suka zauna a Rodeshiya, ƙasar da yau ake kira Zimbabuwe. Auren ya mutu tun yana jinjiri, uwar ta ɗauke shi ta koma wajen iyayenta. Daga baya ta auri wani ɗan jarida na Afirka ta Kudu, suka tare a Johanesbag. Sun kuma yi ɗan zama a Zambiya bayan ta samu ƴancin kai, inda Joni ya zauna aji guda da yara baƙaƙe. Da suka komo Johanesbag, sai ya tarar da abin da ya saba da shi a can, nan laifi ne.

Yana da shekara 14, wata rana da marece, ya ga wani mutum a bakin titi yana kaɗa gitar. Joni ya taɓa koyon gitar irin ta Turawa, amma bai taɓa jin an kaɗa ta haka ba. Ya tsaya, ya kasa tafiya. Mutumin sunansa Charlie Mzila, ɗan Zulu ne, aikinsa share wani gidan bene na Turawa. Yaron ya roƙe shi ya koya masa, Mzila ya yarda.

Ku tsaya nan ku duba da kyau, don nan ne gindin labarin. A wannan ƙasa, a wannan zamani, ɗan Bature ko bai kai shekara goma ba yana kiran dattijo baƙi da sunan yaro, ya aike shi. Ga shi yau ɗan Bature ya je ɗan ɗakin mai shara, ya zauna a gabansa, ya ce: koya mini. Mai shara ya zama malam, Bature ya zama almajiri. Joni bai je don siyasa ba, bai ma san ta ba tukuna. Abu ya gani a hannun mutum wanda shi ba shi da shi, ya bi shi.

Irin wannan kiɗan ana ce masa maskanda. Gitar ɗin ta Turawa ce, amma ƴan Zulu sun sake ɗaurin tsirkiyoyinta yadda za ta faɗi waƙoƙin gidansu. Babban yatsa na kaɗa murya mai kauri, manuni na kaɗa siririya, sai ka ce mutum biyu ne ke amsa wa juna. Makaɗi kan fara da ɗan wasan yatsu mai sauri, don a san gwaninta tasa. A tsakiyar waƙa kuma sai ya ɓarke da yabon kansa, da sauri kamar ruwan ƙanƙara: ya faɗi sunansa, da na ubansa, da dutsen garinsu, da kogin da yake sha, da sarkin da yake bi. Wanda ya taɓa jin kirarin ɗan kokowa a fili ya san irin abin. Mutumin da takardar fas ta mayar lamba, a nan yake tuna wa duniya cewa shi ɗan wani ne.

Mzila bai tsaya ga gitar ba. Ya koya masa harshen Zulu, ya kai shi gidajen gwauraye inda ake rawa ranar hutu. Rawar Zulu ba ta rago ba ce. Mazaje na jeruwa, ana waƙa ana tafi, mutum ya ɗaga ƙafa har ta wuce kansa, ya buga ta ƙasa da ƙarfi sai ƙura ta tashi. Joni ya koyi wannan, ya koyi wasan sanda, har suka sa masa suna Sikeyi, wato ɗan itacen nan da ke riƙe wuyan sa a jikin karkiya.

Yana da shekara 15 ƴan sanda suka fara kama shi, don doka ta hana Bature shiga waɗannan gidaje ba da izini ba. Suka mai da shi gida wajen uwarsa. Ya koma. Suka sake kamawa, ya sake komawa, har abin ya zama jiki. Sai dai a faɗi gaskiya: farar fatarsa ta yi masa garkuwa. Shi in an kama shi, faɗa ne ko tara. Waɗanda suka buɗe masa ƙofa kuwa, aikinsu da zamansu a birni suka sa a kan faifai, don ana iya soke musu fas a kora su ƙauye. Duk da haka ba su kore shi ba.

Sifo mai garka

An haifi Sifo a 1951, a karkarar Kranskop, cikin ƙasar Zulu. Ya yi kiwon shanu yana yaro, bai yi lakwal ba. Ya zo Johanesbag neman aiki, ya samu na kula da garkar wani gidan masu arziki. Gwanin gitar ne na gaske, mai ƙaga waƙa da kansa. Da ya ji labarin wai akwai wani yaron Bature mai kaɗa maskanda, bai yarda ba. Ya neme shi don su gwada hannu, ya nuna masa iyakarsa. Sifo ya fi shi nesa ba kusa ba, Joni kuma bai yi gardama ba. Daga wannan gasa abota ta ƙullu, wajen 1970, dukansu ba su kai shekara ashirin ba.

Joni ya ci gaba da karatu har jami'ar Wits ta Johanesbag, inda ya karanta ilimin al'adu da zaman jama'a, daga baya ya zama malami a can. Da rana yana koyar da ɗalibai, da dare yana koyo wajen mutumin da bai taɓa zama a aji ba. Wannan ya kamata ya shiga kunnen duk wanda ya zo ajin yaƙi da jahilci da furfura a kansa yana jin kunya. Rashin sanin baƙi ba rashin sani ba ne.

Suka yi shekaru suna wasa su biyu, a ɗakunan boyi-boyi, da gidajen gwauraye, da ƙananan wurare. A 1976, shekarar da ƴan sanda suka buɗe wa ƴan lakwal wuta a Soweto, suka fitar da ƙaramin faifai mai suna Woza Friday. Waƙar lebura ce mai kiran ranar Juma'a ta zo, ranar da ake biya a huta. A 1979 suka fitar da babban faifansu na farko, Universal Men, wanda ke magana kan ɗan ci-rani mai raye tsakanin duniya biyu, ƙauye da birni. Suka sa wa ƙungiyarsu suna Juluka. Da harshen Zulu ma'anarsa zufa, kuma sunan wani bijimin Sifo ne.

Yadda suka gauraya kiɗan

Mene ne sabo a cikin kiɗan Juluka? Joni tun yana yaro yana son tsofaffin waƙoƙin gargajiya na Ingila da Sikotlan da Ailan, kuma kunnensa ya ji wata ƴar kama tsakaninsu da gitar Zulu. Sai suka ɗauki gitar maskanda da amshin mazaje irin na rawar Zulu, suka haɗa da waɗannan muryoyi na Turai, suka ƙara ganguna da gitar lantarki da sarewa. A waƙa guda, baiti na iya zuwa da Ingilishi, amshi ya zo da Zulu. Makaɗan ƙungiyar kuma baƙaƙe da farare ne. In wasa ya yi zafi, Joni da Sifo su ajiye gitar, su jera kafaɗa da kafaɗa, su ɗaga ƙafa tare su buga ƙasa tare.

Mai karatu zai ce, to, mene ne abin tsoro a nan? Abin tsoro shi ne, dukan ginin wariya ya tsaya ne bisa magana guda: wai al'adun mutane ba su gauraya, kowa ya tsaya cikin nasa. Gidan rediyon gwamnati ma haka aka tsara shi, kowane harshe da tasharsa, Zulu dabam, Sutu dabam, Ingilishi dabam, Afirkans dabam. Waƙar da ta haɗa harshe biyu ba ta da tashar da za ta shiga. Akwai ma'aikata da aikinsu ke nan, su saurari faifai, in waƙa ba ta yi musu ba su karce ta da abu mai tsini yadda allura ba za ta bi ta ba. Ga mutum biyu sun hau dandali, ba su zagi kowa ba, amma duk mai ido ya ga maganar gwamnati ƙarya ce.

Tun da rediyo ya rufe musu ƙofa, sai suka bi gari gari da mota. Doka ta hana taron da ya haɗa launi a wuraren jama'a, sai suka riƙa neman inda dokar ke da rami: zauren jami'a, zauren coci, ofishin jakadan wata ƙasa, unguwannin baƙaƙe. Sau da yawa ana tsakiyar wasa ƴan sanda su shigo da karnuka da hayaƙi mai sa hawaye, su watsa taro. Labari dai ya bi baki, faifai ya yi ta sayuwa.

A 1981 suka yi waƙar Impi, wato rundunar yaƙi. Tana tuna yaƙin Isandlwana na ranar 22 ga Janairu 1879, inda mayaƙan sarki Cetshwayo, mafi yawansu da masu da garkuwar fata, suka karya rundunar Ingila mai bindigogi. Waƙar ba ta samu shiga rediyon gwamnati ba a lokacin. Abin dariya, bayan wariya ta faɗi, ita ce ake sakawa a filin wasa in ƙungiyar rugubi ta ƙasar za ta fito, wasan da a da ake ganin na Turawa ne. A 1982 suka yi Scatterlings of Africa, wadda ta kai sunansu Ingila da sauran ƙasashen Turai.

Savuka, da sunan da aka hana faɗi

A 1985 Sifo ya ce ya gaji da yawo. Ya koma ƙauyensu wajen shanunsa da iyalinsa. Shi dama abin da ya kawo shi birni ke nan, ya samu abin sayen shanu ya koma gida. Juluka ta watse ba tare da faɗa ba.

A 1986 Joni ya kafa sabuwar ƙungiya, Savuka, wato mun farka. Abokin rawarsa yanzu shi ne Dudu Zulu. A wannan shekara gwamnati ta sa dokar-ta-ɓaci a ƙasa duka, soja sun cika unguwannin baƙaƙe, an kulle dubban mutane ba shari'a. Waƙoƙin Joni suka fito fili da siyasa. A 1987 ya fitar da Asimbonanga, ma'ana ba mu gan shi ba. Nelson Mandela ake nufi. Yana tsare tun 1962, kuma doka ta hana buga hotonsa, har yara suka girma ba su san kamanninsa ba. A cikin waƙar an kira sunan Mandela a fili, an kuma kira mutum uku da suka mutu a gwagwarmaya: Steve Biko, wanda ya mutu a hannun ƴan sanda a 1977, Neil Aggett, likita Bature mai aikin ƙungiyar ƙwadago, wanda ya mutu a tsare a 1982, da Victoria Mxenge, lauya, wadda aka kashe a ƙofar gidanta a 1985. Nan take aka hana waƙar a Afirka ta Kudu.

A Faransa kuwa sai ta kama kamar wutar daji. A 1988 faifan Savuka biyu suka riƙe matsayi na ɗaya da na biyu a kasuwar ƙasar, Faransawa suka sa masa laƙabin Farin Zulu. Laƙabin ya bi shi har kabari, amma yana da aibi. Ya sa duniya ta riƙe sunan almajiri ta manta da malamai. Mutum nawa ne cikin masu tafa masa a Pari suka taɓa jin sunan Mzila? Akwai kuma makaɗan maskanda baƙaƙe da yawa, gwanaye, da ba su taɓa samun ko rabin wannan kasuwa ba. Joni kansa bai ɓoye inda ya samo abinsa ba, yakan faɗi sunayensu. Amma kasuwa ta fi son labarin Bature mai rawar Zulu bisa labarin ɗan Zulu mai rawar gidansu.

Wata wahalar kuma daga wajen abokan gwagwarmaya ta zo. Duniya ta yanke shawarar ƙaurace wa Afirka ta Kudu a fannin wasa da kiɗa, don a matsa wa gwamnati. Joni yana da takardar zama ɗan Ingila, yana kuma cikin ƙungiyar makaɗan Ingila. Sai ƙungiyar ta kore shi, wai don yana wasa a Afirka ta Kudu, ƙasar da yake zaune cikinta. Saboda haka, da aka yi babban wasan cikar Mandela shekara 70 a filin Wembili na Landan, a watan Yuni 1988, mai waƙar Asimbonanga bai samu hawa dandali ba.

Mutuwa ma ta zagaye shi. Ranar 1 ga Mayu 1989 aka harbe David Webster a ƙofar gidansa a Johanesbag. Malamin Joni ne a jami'a kuma abokinsa, mai taimakon iyalan waɗanda aka tsare. Daga baya kotu ta tabbatar da cewa wani ɗan bindigar hukumar tsaron gwamnati ne ya kashe shi. A 1992 aka harbe Dudu Zulu a yankinsu cikin wani rikici. Joni ya yi masa waƙar ban kwana, Savuka kuma ta watse a 1993.

Ranar da aka gan shi

An saki Mandela ranar 11 ga Fabrairu 1990, bayan shekara 27 a kaso. A watan Afrilu 1994 aka yi zaɓen farko da kowa ya jefa ƙuri'a, ya zama shugaban ƙasa. Joni da Sifo suka sake haɗuwa, suka yi faifai guda a 1997.

A ƙarshen shekarun 1990, Joni na wasa a birnin Farankfut na Jamus. Ya kama Asimbonanga, sai ya ji jama'a sun ɓarke da sowa. Ya zaci don shi ne. Da ya waiwaya, sai ga Mandela da kansa ya fito daga bayan dandali, tsoho mai furfura, yana taka rawarsa a hankali yana murmushi. Da waƙar ta ƙare, Mandela ya karɓi abin magana, ya yi wa jama'a tsiya cewa bai ga suna motsi sosai ba, ya sa aka sake ta daga farko.

A 2015 likitoci suka gano Joni na da ciwon daji a cikinsa. A 2017 ya yi zagayen ban kwana a ƙasashe da dama, a wasu wuraren Sifo ya hau dandali tare da shi. Ya rasu a Johanesbag ranar 16 ga Yuli 2019, yana da shekara 66, ya bar mata da ƴaƴa maza biyu.

Tambayoyi

1. Mece ce takardar fas, kuma wa aka tilasta wa riƙe ta?
2. Wane aiki Mzila yake yi, wane aiki kuma Sifo yake yi, lokacin da Joni ya san su?
3. Don me gidan rediyon gwamnati ya ƙi saka waƙar da ta haɗa Zulu da Ingilishi?
4. In ƴan sanda sun kama Joni a gidan gwauraye, wa ya fi shiga haɗari, shi ko masu masaukinsa? Ku tattauna.
5. Daga sakin Mandela zuwa rasuwar Joni shekara nawa ne? Ku yi lissafin a allo.
6. Kowa ya rubuta layi biyar kan wani mutum da bai yi lakwal ba wanda ya koya masa wata sana'a, ya faɗi abin da ya koya.